Ba Son Kuɗi Ne Ke Fitar Da Ita Aikin Kwana Ba

A wata walimar suna da aka yi kwanan baya a garin da nake zaune a arewacin Ingila, hira ta biyo ta kan wata baiwar Allah da ba ta samu halarta ba. Bazawara ce mai 'ya'ya biyu, tana aikin kwana a gidan kula da tsofaffi. Wata Hajiya da nake ganin girmanta ta ce: "Ai wance ta zaɓi fam ta bar tarbiyya. Wace irin uwa ce za ta kulle yara a ɗaki ta tafi wankan tsofaffin wasu?" Mata da dama suka gyaɗa kai, aka ci gaba da rabon abinci. Maganar ta tsaya mini a rai, domin a cikin masu gyaɗa kan babu wadda ta tambayi wanda zai biya mata kuɗin haya idan ta zauna a gida, kuma babu wadda ta ce a kawo mata yaran su kwana a wurinta.

Ra'ayina shi ne, matar da ke cikin wannan hali ba a ba ta zaɓi ba, balle a ce ta zaɓi mummuna. Dokar ƙasar ta ɗaure zamanta da aikinta, sannan ta rufe mata ƙofar tallafin reno da ta buɗe wa sauran ma'aikata. Uban 'ya'yan, a mafi yawan gidajen da na sani, ya janye hannunsa. Mu kuma 'yan'uwanta mun sa mata baki mun hana ta hannu. Idan za a raba laifi, nata ne mafi ƙanƙanta, kuma na ga ya dace a faɗi haka da Hausa, tunda da Hausa ake yi da ita.

Takardar zama da ke rataye da aiki

A watan Fabrairun 2022 gwamnatin Birtaniya ta buɗe ƙofar biza ga masu aikin kula da tsofaffi da marasa lafiya, saboda gidajen kula sun rasa ma'aikata bayan annobar korona da ficewar ƙasar daga Tarayyar Turai. 'Yan Najeriya suna cikin waɗanda suka fi amsa kiran, tare da 'yan Indiya da 'yan Zimbabuwe, kuma mafi yawan masu wannan aiki mata ne. Wasu sun zo da mazajensu auren ya mutu a nan, wasu zawarawa ne tun daga gida, wasu kuma mazan ne suka rasu suka bar su da marayu.

Ita wannan biza tana hannun kamfanin da ya ɗauki mutum aiki. Dole albashinsa ya kai wani mizani, wanda aka ɗaga zuwa fam 25,000 a shekara a watan Afrilun 2025, kuma a irin kuɗin da ake biya kowace sa'a a wannan sana'a, ba a kai wa wannan adadi sai da cikakken aikin mako. Idan aikin ya kuɓuce, yawanci kwana 60 ake ba mutum ya samo wani kamfanin da zai tsaya masa, ko ya tattara ya bar ƙasar. Saboda haka uwar da ta ce za ta rage sa'o'inta don ta riƙa ɗauko yaro daga makaranta, takardar zamanta da ta 'ya'yanta take jefawa cikin haɗari gaba ɗaya.

A jikin takardar kuma akwai sharaɗin da ake kira NRPF, wanda ke haramta mata cin tallafin gwamnati. Ba ta da tallafin gwamnati na Universal Credit, wanda ke mayar wa ma'aikaci mai ƙaramin ƙarfi har kashi 85 cikin 100 na kuɗin reno. Ba ta da kuɗin yara da ake ba iyaye, kuma ba ta cikin layin gidajen ƙaramar hukuma.

Abin da ya fi ci mini tuwo a ƙwarya shi ne batun sa'o'in reno na kyauta. Tun watan Satumban 2025, iyaye ma'aikata a Ingila suna samun sa'a 30 a mako, na mako 38 a shekara, daga lokacin da jariri ya cika wata 9 har ya shiga makaranta. Amma wanda zai nema dole ya kasance ɗan ƙasa, ko mai zaman dindindin, ko wanda takardarsa ta halatta masa tallafi. Idan ma'aurata ne, kuma ɗayansu ya cika sharaɗin, shi zai nema gidan ya amfana. Matar da take ita kaɗai ba ta da wanda za ta laɓe a bayansa. Gidan da miji ke samun fam 90,000 mata ma tana samun haka ya cancanci wannan kyauta, domin iyakar ita ce fam 100,000 ga kowannensu, amma mai wanke tsofaffi a kan fam 25,000 ba ta cancanta ba.

Adalci ne a faɗi abin da aka bar mata. Kowane yaro ɗan shekara 3 da 4 yana da sa'a 15 a mako ko da wace irin takarda iyayensa suke riƙe da ita, kuma tun 2022 an shigar da 'yan shekara 2 na iyalai masu ƙaramin ƙarfi da ke ƙarƙashin wannan sharaɗi, haka ma abincin makaranta na kyauta. Sai dai sa'a 15 a mako sa'a uku ce a yini, aikin gidan tsofaffi kuwa sau da yawa sa'a 12 ne a jere.

Lissafin ƙarshen wata

Mai albashin fam 25,000, idan aka cire harajin albashi da kuɗin inshorar ƙasa, abin da zai shigo hannunta bai cika fam 1,800 a wata ba. A 2024 kuɗin ajiye yaro ɗan ƙasa da shekara 2 a gidan reno cikakken mako ya kai kimanin fam 300, wato wajen fam 1,300 a wata. Abin da ya rage shi ne za ta biya haya da shi, da harajin gida, da wuta da gas a ƙasar da hunturu ke kashe mutum, da kuɗin mota, da abinci, sannan ga waya daga gida ana tuna mata da kuɗin asibitin Baba da bashin da aka ci aka yi mata hanya. Wannan lissafin yaro ɗaya ne.

Ko da kuɗin sun isa, lokacin bai dace ba. Gidajen reno suna buɗewa wajen ƙarfe takwas na safe su rufe ƙarfe shida na yamma, kuma yawancinsu ba sa aiki Asabar da Lahadi. Tsoho kuwa ba ya daina buƙatar a juya shi a gado don dare ya yi. Masu kula da tsofaffi gida gida suna farawa ne da sassafe, lokacin tayar da mutane da ba su magani, su sake fita da dare lokacin kwantar da su, wato daidai lokutan da yaro ya fi buƙatar uwarsa. Idan yaron ya shiga firamare ma ba a tsira ba, domin ana tashi wajen ƙarfe uku, hutun makaranta a shekara ya kai mako 13, hutun da doka ta ba ma'aikaci kuma kwana 28 ne.

"Tarbiyya ta fi kuɗi"

Wannan ita ce hujjar Hajiya, kuma ba zan ce babu gaskiya a cikinta ba. Yaran suna shan wahala. Akwai wata maƙwabciyata da nake jin buɗe ƙofarta tun kafin asuba a tsakiyar hunturu, ta fito da ɗan shekara biyu a naɗe cikin bargo yana barci, jakar madara da kayan canji a kafaɗa, ta bi ta kan ƙanƙara ta kai shi gidan wata 'yar Gana da ke bayan layinmu, sannan ta ruga tashar mota. Babbar 'yarta mai shekara goma ita ke shirya kanta, ta ɗumama abin da aka bar mata, ta kulle ƙofa, ta rataya makullin a wuya a ƙarƙashin riga. An ja mata kunne kada ta buɗe wa kowa, kuma kada ta faɗa wa malamarta cewa Mama ba ta gida da safe. Yarinyar ba ta da hayaniya irin ta sa'o'inta, kuma duk wanda ya kalle ta da kyau zai ga nauyin da aka ɗora mata ya fi shekarunta.

Dalilin jan kunnen kuwa tsoro ne mai tushe. Dokar Ingila ba ta yanke shekarun da za a iya barin yaro shi kaɗai ba, amma laifi ne a bar shi a halin da zai iya cutuwa, kuma shawarar da ƙungiyar kare yara ta NSPCC ke bayarwa ita ce kada a bar ɗan ƙasa da shekara 12 na dogon lokaci, kada kuma a bar ɗan ƙasa da 16 ya kwana shi kaɗai. Magana ɗaya daga bakin yaro a makaranta ta isa ta kawo ma'aikatan walwalar yara ƙofar gida. Uwar tana tafiya aiki da wannan fargaba, tana kwana da ita, wayarta tana cikin aljihun rigar aiki tana leƙawa a ɓoye. Abin da ya koro ɓera ya faɗa wuta ai ya fi wutar zafi.

Inda na rabu da Hajiya shi ne a kan abin da ake nufi da "ta zauna". Idan ta zauna, albashi ya tsaya, kamfani ya janye, mai gida ya kawo takardar tashi, kuma babu tallafin da zai tare ta. Tarbiyyar da ake magana a kanta tana buƙatar ɗaki da ɗumi da abinci kafin a zo kan karatun allo da gaishe da manya.

Akwai kuma abin da muke mantawa game da inda muka fito. Matan Hausa sun daɗe suna neman na kansu: suyar ƙosai, ƙuli-ƙuli, kitso, ɗinki, saƙa, surfe, sayar da kayan miya. Amma sana'ar da renon a tsakar gida ɗaya ake yin su, goyo yana baya hannu yana cikin ƙullu. Wadda ke fita aikin asibiti ko koyarwa a Kano ko Damagaram tana barin yaro a hannun kaka, ko goggo, ko ƙanwa, ko 'yar reno, wani lokaci ma abokiyar zama. Idan lokacin yaye ya yi, gidan kaka ake kai shi. Babu uwar da ta taɓa renon ɗa ita kaɗai a garinmu, ko da mijinta ya rasu. Waɗanda ke auna matar Ingila da iyayenmu mata suna auna mutum ɗaya ne da aikin da gida guda ke yi.

"Ta mayar da su gida wajen kaka"

Wannan shawara ta fi ta farko tausayi, kuma riƙo ba abin kunya ba ne a al'adarmu. Da yawanmu a hannun wasu muka tashi kuma ba mu lalace ba. Wasu matan sun bi wannan hanya da son ransu, wasu kuma dole ce ta sa su, domin daga 11 ga Maris 2024 an hana sabbin masu bizar wannan aiki zuwa da iyali, kafin a rufe ɗauko ma'aikata daga waje gaba ɗaya a watan Yulin 2025. Akwai uwaye a nan da suke ganin haƙoran 'ya'yansu na fitowa ta cikin waya.

Sai dai masu ba da shawarar ba su cika faɗin farashinta ba. Kakar da za a kai wa yaran ta tsufa, wata ma ita ce mai ciwon da ake aiko wa kuɗin magani. Yaron da ya bar uwarsa yana ɗan shekara uku ba shi ne za ta tarar yana ɗan shekara tara ba, kuma duk mun san yadda ɗan riƙo ke zama idan hankalin mai riƙon ya koma kan nasa 'ya'yan. Dawo da shi kuma sai da sabuwar takarda da sabon kuɗi, kuma macen da ke neman shigo da yaro ba tare da ubansa ba dole ta kawo hujjar cewa ita kaɗai ke ɗauke da alhakinsa, abin da ke zama tashin hankali idan uban yana raye kuma rabuwar ba ta yi daɗi ba.

Kawo kakar nan ma ba mafita ba ce mai ɗorewa. Bizar ziyara wata shida ce a mafi tsawo, ba a yarda baƙo ya zama kamar ma'aikacin reno ba, kuma hanyar kawo tsofaffin iyaye su zauna dindindin an tsaurara ta tun 2012 har ta kusa toshewa.

Wannan matsala ba yau ta fara ba. Daga shekarun 1950 zuwa na 1970, ɗalibai daga Najeriya da Gana da suka zo karatu sun riƙa ba iyalan Turawa riƙon 'ya'yansu a kan kuɗi, domin karatu da aiki da reno sun gagari haɗuwa. Wasu yaran sun dace da mutanen kirki, wasu sun tashi ba su san harshen iyayensu ba, wasu an cuce su. Mutanen nan ba ƙin 'ya'yansu suke yi ba, rashin mai riƙewa ne ya kai su, kuma shi ne dai ke damun jikokinsu a yau.

"Ita ta sa hannu, kuma kuɗin 'yan ƙasa ne"

Wannan ita ce hujja mafi ƙarfi, kuma ina jin ta daga Turawa da kuma daga namu da suka riga suka samu takarda. Suna cewa kowace ƙasa tana da ikon tsara wanda zai ci daga baitulmalinta, kuma wanda ya karɓi biza ya karanta sharaɗinta. Ban musa ikon ƙasa ba. Amma akwai abubuwan da ya kamata a ɗora a kan ma'auni.

Matar nan tana biyan haraji tun daga albashinta na farko, kuma daga cikin harajin ne ake biyan sa'o'in renon da aka hana ta. Dalilin da gwamnati ta bayar na faɗaɗa shirin shi ne a taimaki iyaye su fita aiki, ita kuwa ƙasar ce da kanta ta kira ta aikin da 'yan ƙasa suka gudu suka bari. Idan har ana son ta tsaya a kan tsohuwar wani sa'a 12, hankali ya nuna dole wani ya tsaya a kan jaririnta a wannan lokacin.

Batun sa hannu kuma, da yawa abin da suka sa wa hannu ba shi suka tarar ba. Dillalai sun karɓi miliyoyin nairori a hannun mutane da alkawarin aikin da babu shi, ko wanda sa'o'insa ba su kai ba. Gwamnati da bakinta ta ce daga Yulin 2022 zuwa Disamban 2024 ta soke lasisin ɗaukar baƙi na kamfanonin kula fiye da 470. Kowane lasisi da aka soke, akwai ma'aikatan da suka wayi gari babu aiki ba tare da sun yi laifin komai ba. Kuma babu macen da ta sa hannu a kan mutuwar aurenta ko rasuwar mijinta bayan ta iso.

Kuɗin da ake cewa an adana ma ba a adana su ba. Sashe na 17 na Dokar Yara ta 1989 ya ɗora wa ƙananan hukumomi alhakin yaron da ke cikin buƙata ko da wace takarda iyayensa ke da ita, saboda haka idan iyali ya faɗi warwas, ƙaramar hukuma ce ke nema musu masauki da abin ci, a kan kuɗin da ya zarce na reno. A watan Mayun 2020 Babbar Kotun Ingila ta yanke hukunci a ƙarar da aka shigar da sunan wani yaro ɗan shekara 8, wanda uwarsa mai aikin kula da mutane ce, cewa yadda ake aiwatar da sharaɗin a lokacin ya saɓa wa doka domin bai kare iyalan da ke dab da faɗawa cikin matsanancin talauci ba. A cikin watan ne kuma ɗan majalisa Stephen Timms ya yi wa Firayim Minista Boris Johnson tambaya a kan wannan sharaɗi, amsarsa ta nuna bai san yadda yake aiki ba. Masu bizar iyali suna iya neman a ɗage musu shi idan talauci ya kama su, amma ga mai bizar aiki wannan ƙofa a ƙuntace take ƙwarai.

A da ana cewa haƙuri ne na shekara 5, sai a samu zaman dindindin. A 2025 gwamnati ta kawo shawarar mayar da wa'adin shekara 10. Shekara goma ita ce ƙuruciyar yaro gaba ɗaya, kuma yaron da aka haifa a nan ya yi shekara 10 na farko a ƙasar yana da haƙƙin yin rajistar zama ɗan Birtaniya. Waɗannan yara a nan za su girma, a nan za su yi aiki. Abin da nake ganin ya kamata bai kai a buɗe mata duk baitulmali ba: a raba sa'o'in reno da takardar uwa, a ɗauke su a matsayin haƙƙin yaro, kamar yadda ake ba shi kujera a firamare ba tare da an tambayi bizar iyayensa ba.

Ina uban yake?

A duk hirar da ake yi a kan irin waɗannan mata, da wuya ka ji an ambaci mutumin da yaran ke amsa sunansa. Addinin da muke tutiya da shi bai bar wannan a duhu ba. Aya ta 233 a Suratul Baƙara ta ɗora ciyarwa da tufatarwa a kan uba, kuma a mazhabar Malikiyya da muka tashi a kanta, reno haƙƙin uwa ne bayan rabuwa, nafaƙar yaro kuma tana wuyan uba. Ma'ana, a shari'ance ba a taɓa ɗora wa mace nauyin nan biyu a lokaci ɗaya ba. Idan muka gan ta tana ɗauke da su, akwai wanda ya sauke nasa ya ɗora mata.

Na san mazan da ke zaune a gari ɗaya da 'ya'yansu, suna sahun gaba a masallaci, amma watanni suna wucewa ba su aika ko kuɗin takalmi ba, kuma ba su taɓa ɗaukar yaran ran Asabar don uwar ta samu ta yi aiki ko ta runtsa ba. Wasu suna cewa ai ita ta nemi saki, kamar yaron ne ya nema. Idan uban yana Birtaniya, akwai hukumar da ke karɓar kuɗin ciyar da yara daga hannunsa, kuma wannan ba ya cikin tallafin da aka haramta mata. Amma macen da ta kai can sai a ce ta kai ƙarar uban 'ya'yanta wurin Turawa, ta zama abin nuni a cikin jama'a. Ina ganin limamanmu da dattawanmu, waɗanda ke saurin zama idan za a ɗaura aure, su ne ya kamata su kira irin wannan mutum su yanka masa abin da zai riƙa bayarwa da ranakun da zai riƙa ɗaukar yaransa, tun kafin maganar ta kai hukuma. Idan ya ƙi, kada a ga laifin wadda ta nemi haƙƙin 'ya'yanta ta hanyar da doka ta tanada.

Abin da ke hannunmu

Sauya doka aiki ne na shekaru, kuma waɗanda suka samu ƙuri'a a cikinmu suna da damar rubuta wa ɗan majalisar mazaɓarsu a kai. Amma yaron da ke kwana shi kaɗai yau ba zai jira majalisa ba. Idan aka yi rasuwa a cikinmu, kafin gari ya waye an tara kuɗin jana'iza, wanda ya nuna mun iya haɗa kai idan mun ɗauki abu da muhimmanci.

Matanmu sun san adashi ciki da bai, kuma ana iya yin sa da lokaci kamar yadda ake yin sa da kuɗi. Mata huɗu ko biyar da ranakun aikinsu suka saɓa za su iya zama su duba jadawalin mako, wadda ke hutu ta riƙe yaran mai aiki, gobe a rama mata. Dokar Ingila ta ba da wannan dama. Wanda zai riƙe yara 'yan ƙasa da shekara 8 a gidansa fiye da sa'a biyu a yini a kan kuɗi dole ya yi rajista da Ofsted, hukumar da ke sa ido kan makarantu da masu reno, amma musayar reno tsakanin ƙawaye ba tare da biyan kuɗi ba an cire ta daga wannan sharaɗi tun 2010, bayan ce-ce-ku-cen da ya biyo bayan gargaɗin da aka yi wa wasu 'yan sanda mata biyu da ke riƙe wa juna yara a 2009. Abin kiyayewa shi ne, idan yaro ɗan ƙasa da shekara 16 zai zauna kwana 28 ko fiye a hannun wanda ba danginsa na kusa ba, wajibi ne a sanar da ƙaramar hukuma. Wajibi ne kuma uwa ta san gidan da take kai ɗanta da duk wanda ke shiga cikinsa, domin zama Bahaushe ko Musulmi ba shaidar amana ba ce.

Matan aure da ke zaune a gida kuma takardarsu ta halatta musu sana'a suna iya yin rajista su zama masu reno na hukuma, su samu abin kansu, uwa ta samu wurin da ake jin harshenta kuma ake buɗe mata ƙofa tun ƙarfe shida. Masallatai da Islamiyyun da ɗakunansu ke kulle daga Litinin zuwa Alhamis suna iya buɗe su a dogon hutun bazara na mako shida, lokacin da waɗannan mata suka fi shiga tsaka mai wuya, muddin an cika sharuɗɗan kare yara. Magidancin da ke zuwa ɗauko nasa ƙarfe uku, kujerar motarsa ba za ta ƙi ɗaukar ɗan maƙwabciya ba idan an sanar da makaranta.

Akwai kuma haƙƙoƙin da da yawa ba su san suna da su ba, ko suna tsoron nema saboda bizarsu tana hannun mai kamfani. Tun watan Afrilun 2024 kowane ma'aikaci yana da damar neman a sauya masa tsarin lokutan aiki tun daga ranar da ya fara, har sau biyu a shekara, kuma dole mai aiki ya duba buƙatar ya ba da dalili idan zai ƙi. Doka ta kuma ba ma'aikaci damar barin aiki na ɗan lokaci idan wani abin gaggawa ya sami ɗansa, ko da ba za a biya shi ba. Matar da ta kwana a tsaye ba ta da ƙarfin zama ta rubuta irin wannan takarda da Turancin ofis, kuma da wuya ta iya fuskantar manaja ita kaɗai. A cikinmu akwai lauyoyi da malaman jami'a da ma'aikatan jinya da suka daɗe a ƙasar, kuma ɗaya daga cikinsu zai iya zama da ita a yammaci ɗaya ya rubuta mata buƙatar a haɗa mata ranakun aikinta wuri ɗaya, ya duba mata ko ɗanta mai shekara biyu ya cancanci sa'o'in kyauta, ya kuma nuna mata ƙungiyar ƙwadagon da za ta shiga.